Yusufu Bala Usman da Nazarin Tarihin Nijeriya

An haifi Yusufu Bala Usman a garin Musawa da ke lardin Katsina a shekarar 1945. Ɗan sarauta ne gaba da baya. Mahaifinsa shi ne Durɓin Katsina, ɗan Sarki Muhammadu Dikko kuma ɗan'uwan Sarki Usman Nagogo, mahaifiyarsa kuwa 'yar Sarkin Kano Abdullahi Bayero ce. Ya yi firamare a Musawa da Kankiya da Minna, ya zarce Kwalejin Gwamnati ta Kaduna, daga nan ya tafi Ingila inda ya sami digirin farko a fannin tarihi da kimiyyar siyasa a Jami'ar Lancaster. Ya dawo gida a 1967, shekarar da yaƙin basasa ya ɓarke, ya kama aikin koyarwa a kwalejin nan ta Zariya da aka fi sani da Barewa. Yana cikin wannan aiki ne ya fara karatun babban digiri a Jami'ar Ahmadu Bello, kuma daga nan bai sake rabuwa da Zariya ba har ƙarshen rayuwarsa.

Tarihin ƙasar Hausa da ya tarar ana koyarwa a makarantun boko, akasarinsa jami'an mulkin mallaka ne suka rubuta shi. Razdan da Di'o sukan tara dattawa da fadawa, su yi musu tambayoyi ta bakin tafinta, su tsara jerin sarakuna da yaƙe-yaƙe, su aika Kaduna. Fitacce daga cikinsu shi ne H. R. Palmer, wanda yake jami'in Turawa a Katsina lokacin da aka tuɓe Sarki Yero aka ɗora Dikko a 1906. Rubuce-rubucen irin su Palmer sun ginu ne bisa wani tunani guda: duk wani tsari na mulki ko ci gaba da aka gani a ƙasar baƙar fata, to wasu baƙi ne masu hasken fata suka zo da shi daga gabas ko daga arewa. Da wannan ido suka karanta labarin Bayajidda, da shi kuma suka karanta jihadin Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, suka mayar da shi yaƙin wata ƙabila da ta fi wayo a kan wata da ta gaza.

Wanda ya fara girgiza wannan gini a Zariya shi ne Abdullahi Smith, Baturen Ingila da ya koyar a Ibadan, ya zo ya kafa sashen tarihi na Jami'ar Ahmadu Bello a 1962, ya musulunta, ya zama ɗan ƙasa, ya kuma kafa Gidan Arewa a Kaduna a 1970. A wannan shekara ce Smith ya buga wata maƙala a kan kafuwar dauloli a ƙasar Hausa, inda ya nuna cewa ba zuwan wani jarumi daga Bagadaza ne ya haifar da su ba. Sun taso ne sannu a hankali daga ƙauye zuwa gari, daga gari zuwa birni, bisa dalilan noma da ƙira da kasuwanci da tsaro da wuraren bauta. Smith ne ya duba aikin digirin Bala Usman, kuma ɗalibin ya ɗauki wannan hanya ya kai ta inda malamin bai kai ba.

Ƙasar Katsina ya zaɓa. Ya karanta takardun Larabci da ke hannun malamai, ya bi fayilolin Turawa a ma'ajiyar takardun tarihi ta Kaduna, amma babban aikin da ƙafa ya yi shi. Ya zaga garuruwa da kufai, ya duba ganuwa da tsofaffin rijiyoyi da makabartu, ya zauna da masu unguwanni da maƙera da marina da makaɗa da limamai. Ya tsallaka iyaka zuwa Maraɗi da Tasawa a Jamhuriyar Nijar, domin a can ne zuriyar sarakunan da aka kora suka koma da sarautunsu da labaransu, kuma wanda ya tsaya a bakin iyakar da Ingila da Faransa suka shata, rabin labarin kawai zai ji. Ya kammala kundin a 1974, aka buga shi littafi a 1981 da sunan The Transformation of Katsina, 1400-1883.

Littafin bai soma da sarakuna ba. Ya soma ne da ƙasa: jigawa da fadama, inda ake samun tama, inda auduga da baba suke yi, hanyoyin da fatake suke bi zuwa Agadas da Gwanja da Borno. Daga nan ya nuna yadda mutane iri-iri suka riƙa ƙaura suna cuɗanya, har garuruwa suka girma suka wuce a riƙe su da dangantakar jini kaɗai. Inda maƙeri da Buzu da Bawangare da Bafillace makiyayi suke zaune wuri guda, dole a sami wani iko da ya fi na mai gida, wanda zai raba gardama, ya tsare kasuwa, ya gina ganuwa. Wannan buƙata ce, a ganinsa, ta haifar da tsarin sarauta, wanda ya kafu sosai a tsakiyar ƙarni na 15 a zamanin Muhammadu Korau, bayan dogon zamanin da ake dangantawa da Durɓi ta Kusheyi. Sarki yana tsakiya, kewaye da shi akwai masu sarauta irin su Ƙaura da Galadima da Durɓi da Yandaka, wasu 'ya'yan sarki, wasu bayin sarki, wasu shugabannin tsofaffin garuruwa, ga kuma sarakunan sana'a. Bala Usman ya ɗauki wannan a matsayin tsarin siyasa cikakke, mai dokokinsa da hanyoyin daidaita ƙarfi, wanda ya rayu fiye da shekara 300.

Sai dai tsarin yana ɗauke da abin da zai ci shi. Sarki Musulmi ne, birni cike da malamai, garin Wali Ɗanmarina da Wali Ɗanmasani ne, ga hasumiyar Gobarau tsaye. Duk da haka halaccin sarauta yana jingine da tsofaffin al'adun iskoki da wuraren tsafi na gargajiya, waɗanda suke ɗaure sarki da wata ƙasa da wasu zuriyoyi. A ƙarni na 18 kasuwanci ya bunƙasa, baƙi suka yawaita, aka sami ɗimbin malamai da almajirai da fatake waɗanda ba su da wani abin da ya haɗa su da waɗannan tsofaffin alkawura. Ga yaƙe-yaƙe da Gobir sun ƙi ƙarewa, ga nauyin haraji da kamen mutane a wuyan talaka. Lokacin da kiran Shehu ya iso, ya tarar da jama'ar da ke neman wata doka da ta fi faɗi, wadda za ta tsare dukiya da mutunci ba tare da tambayar asalin mutum ba.

A nan ne littafin ya yi karo da abin da aka saba faɗa. Bala Usman ya bi mutanen da suka yi jihadi a Katsina ɗaya bayan ɗaya, su Ummarun Dallaje da Muhammadu Na Alhaji da Ummarun Dumyawa da mabiyansu, ya duba garuruwansu da malamansu da auratayyarsu. Abin da ya fito shi ne, ba a raba sahu bisa harshe ba. Akwai Hausawa da yawa cikin jama'ar Shehu, akwai Fulanin da suka tsaya tare da sarki ko suka kame hannunsu, akwai kuma manyan malamai, irin na 'Yandoto, da suka ƙi amsa kiran har aka yaƙe su. Birnin Katsina ya faɗi a 1807, waɗanda aka kora suka nufi arewa, daga baya suka kafa Maraɗi suka ci gaba da kawo hari shekaru da dama. A wurinsa abin da ya faru sauyin tsarin mulki ne, daga sarauta zuwa imara da ke ƙarƙashin Sakkwato, kuma ya ci gaba da bin sabon tsarin yana nuna inda ya cika alkawarinsa da inda ya koma ga halayen wanda ya kayar.

Daga wannan bincike ne ya fitar da ra'ayin da ya riƙe har mutuwarsa: sunayen ƙabilu ba su isa su bayyana tarihi ba, su kansu tarihi ne ya ƙera su. Ya soki masanin nan M. G. Smith, marubucin littafi a kan mulkin Zazzau, saboda raba komai gida biyu, Haɓe da Fulani, kamar wasu tubala ne da ba sa sauyawa. Mutumin ƙarni na 18 yakan kira kansa Bakatsine ko Bagobiri ko Bakano ko Bazazzagi, kuma wannan suna yana nufin ƙasar da yake zaune da sarkin da yake bi, ko da kakansa daga Borno ko Azbin ya zo. Duk wanda ya ɗauki rabe-raben yau ya ɗora wa mutanen jiya, ya rufe wa kansa ƙofar gane dalilin abin da suka yi.

Darasi na biyu da ya bar wa ɗalibai shi ne tantance madogara. Misalin da ya yi fice da shi shi ne na Heinrich Barth, Bajamushen matafiyi da ya shigo ƙasar Hausa da sunan Abdulkarim a ƙarƙashin tawagar gwamnatin Ingila, ya sauka Katsina a farkon 1851 zamanin Sarki Muhammadu Bello. An daɗe ana ɗaukar abin da Barth ya rubuta tamkar yankan wuƙa, tun da shi ganau ne. Bala Usman ya yi wa rubutun tambayoyin da alƙali yake yi wa mai shaida. Wa ya aiko shi, kuma me aka aiko shi nema? Kwana nawa ya yi a garin, a wane gida aka sauke shi, da wa ya yi magana? Yaya ta kaya tsakaninsa da fada a kan kyauta da izinin wucewa, kuma yaya wannan ya shafi yadda ya kwatanta garin? Wane tunani game da jinsin mutane ya taho da shi daga Turai? Manufar ba ta jefar da Barth ba ce, ta sanin nauyin kowace magana tasa ce. Irin wannan awo ya ce a yi wa littattafan shugabannin jihadi da labaran baka na fada, domin su ma masu su suna da abin da suke karewa.

Shekarun 1970 da 1980 su ne ganiyar sashen tarihi na Zariya. Bala Usman ya shirya littafin da ya tattara maƙalun babban taron Sakkwato na 1975 a kan daular Usmaniyya, aka buga shi a 1979, sannan shi da Nur Alkali suka fitar da makamancinsa a kan Borno a 1983. Tare da abokan aiki da ɗalibai irin su Mahmud Modibbo Tukur da George Kwanashie da Abdullahi Mahadi da Monday Mangvwat da Alkasum Abba, aka rubuta kundaye masu yawa a kan Kano da Zazzau da Filato da Adamawa da mulkin mallaka, har masana suka riƙa maganar mazhabar Zariya a nazarin tarihi.

Siyasa ba ta zo masa daga baya ba, tare suka taso da binciken. Gwamnatin Janar Murtala Muhammed ta sa shi cikin kwamitin sake duba manufofin Nijeriya na ƙasashen waje wanda Adebayo Adedeji ya shugabanta, a daidai lokacin da ƙasar ta goyi bayan ƙungiyar MPLA a Angola. Ta kuma sa shi cikin kwamitin rubuta kundin tsarin mulki da aka ƙaddamar a Oktoban 1975, mai mutum 49 ƙarƙashin Rotimi Williams. A nan ne shi da Segun Osoba, masanin tarihi daga Jami'ar Ife, suka ƙi sa hannu a rahoton masu rinjaye, suka rubuta nasu daftarin a 1976. Babban bambancin shi ne, daftarin masu rinjaye ya lissafa ilimi da lafiya da aikin yi a matsayin manufofin da gwamnati za ta sa a gaba, amma ya hana ɗan ƙasa zuwa kotu ya nemi a tilasta ta. Su biyun suka ce haƙƙin da ba a iya ƙara a kansa ba haƙƙi ba ne. Sun kuma nemi a tsaurara bayyana kadarorin masu riƙe da muƙami, a kuma ɗora zama ɗan ƙasa bisa mazauni maimakon asalin kakanni. Gwamnatin Obasanjo ta ajiye daftarin gefe, kundin 1979 ya bi ra'ayin masu rinjaye, na 1999 ma ya gaje shi.

A ƙarshen 1977, ana tsaka da zazzafar muhawarar kotun ɗaukaka ƙara ta Shari'a a majalisar tsara kundin mulki, ya gabatar da lacca a Zariya a kan yadda ake wasa da addini a siyasar ƙasar. Bai ce addini ne matsala ba. Cewa ya yi akwai wani rukuni na masu hannu da shuni waɗanda ba sa noma, ba sa ƙira, arzikinsu daga dillanci yake tsakanin baitulmalin gwamnati da kamfanonin waje. Irin waɗannan ba za su iya fitowa gaban talaka da ainihin sana'arsu ba, don haka sai su yafa rigar kare Musulunci ko Kiristanci, talaka ya mutu a titi, su kuwa su raba kwangila a ofis. Abubuwan da suka biyo baya, rikicin Maitatsine a Kano a Disambar 1980, da Bulumkutu a 1982, da Jimeta a 1984, da taƙaddamar shiga ƙungiyar ƙasashen Musulmi a 1986, da rikicin Kafanchan a Maris 1987, sun sa ya ci gaba da rubutu a kai, aka tattara shi a littafin The Manipulation of Religion in Nigeria a 1987. Masu suka daga ɓangaren malaman addini da wasu masana sun ce ya rage wa imani ƙarfinsa, kamar dai mai bi ba ya motsi sai an zuga shi. Akwai ƙamshin gaskiya a wannan suka, domin ba kowace fitina ce ake samun wanda ya kitsa ta a ɓoye ba. Amma tambayar da ya koya wa mutane su riƙa yi, wato wa ya ci ribar wannan rikici, ta zauna daram a muhawarar ƙasar.

Da aka dawo mulkin farar hula a 1979, yana cikin jam'iyyar PRP ta Malam Aminu Kano, wadda ta gaji NEPU, ya zama jigo a sashen bincikenta, ya kuma riƙe muƙamin sakataren gwamnatin jihar Kaduna. Jikan sarakuna biyu ya tsaya a sahun gwamnatin da ta soke haraji da jangali tun farkon hawanta, matakin da ya taɓa tushen ikon hakimai da dagatai. Tafiyar ba ta yi daɗi ba. Majalisar jihar, wadda NPN ke da rinjaye a cikinta, ta ƙi amincewa da kwamishinonin Gwamna Balarabe Musa, ta kuma tsige shi a watan Yunin 1981. Jam'iyyar PRP ta dare gida biyu, santsi da taɓo, Bala Usman yana santsi, ɓangaren gwamnoni. A ranar 10 ga Yulin 1981 aka kashe abokinsa Dakta Bala Mohammed, mai ba Gwamna Abubakar Rimi shawara kan siyasa, a tarzomar Kano. Wannan kisa ya taɓa shi ƙwarai, ya tsaya wajen tattara takardu da hujjoji a kan danniyar siyasa a ƙasar, ya buga su a 1982.

Faɗuwar farashin mai ta juya hankalinsa ga tattalin arziki. Ya ɗora alhakin durƙushewar a kan dillalai da 'yan kwangila da masu ba da shawara na bogi da suka wawashe kuɗin mai suka kai waje. Yusuf Bangura, malamin kimiyyar siyasa a Jami'ar Ahmadu Bello, ya mayar masa da martani cewa sata alama ce kawai, cutar tana cikin tsarin jari-hujja kansa, aka yi ta musayar maƙalu masu zafi waɗanda har yau ana karanta su. Da Janar Babangida ya buɗe muhawarar karɓar bashin Asusun Ba da Lamuni na Duniya, Bala Usman ya fitar da Nigeria Against the IMF a 1986, yana kira da a gina kasuwar cikin gida, manomi ya ciyar da masana'anta, masana'anta ta wadata manomi, maimakon karya darajar naira da sayar da kamfanonin gwamnati. A wannan lokaci ne shi da abokansa suka kafa mujallar The Analyst da 'yar'uwarta ta Hausa, Fitila, masu tona asirin manya da sunayensu da lambobin kuɗi. Gwamnatin soja ba ta ƙyale su ba. Bayan kashe ɗalibai a jami'ar a Mayun 1986, aka fara zargin wasu malamai da koyar da abin da ba a biya su su koyar ba. Aka kori Patrick Wilmot, ɗaya daga cikin malaman jami'ar, daga ƙasar a 1988, aka raba Bala Usman da aikinsa a 1989, sai da kotu ta mayar da shi.

Shekarunsa na ƙarshe ya yi su ne a cibiyar bincike ta CEDDERT da ke Hanwa a Zariya, kuma abin da ya fi damunsa shi ne kiran da ya yi ƙarfi bayan soke zaɓen 12 ga Yunin 1993, cewa Nijeriya kuskuren Lugard ce ta 1914, a tara ƙabilu su sake shawarar ko za su zauna tare. A littafin The Misrepresentation of Nigeria, wanda ya rubuta da Alkasum Abba a 2000, ya dawo da darasin Katsina ya shimfiɗa shi a kan ƙasa baki ɗaya. Ya nuna cewa kogin Kwara da Binuwai da hanyoyin fatauci sun haɗa mutanen wannan yanki tun kafin Bature. Ya kuma nuna cewa manyan ƙabilun da ake cewa sun girmi Nijeriya, a siffarsu ta yau tare da ita suka girma. Sunan Yarbawa da can mutanen Oyo yake nufi, sai a ƙarni na 19 da na 20 ya game Ijebu da Ekiti da Egba, ta hanyar daidaita harshe da fassarar littattafan coci da makarantu da jaridu. Haka abin yake ga Ibo da Ijaw da Urhobo, haka kuma ga Hausawa. Idan aka ce za a koma ga asali, to ba a san inda za a tsaya ba, domin kowace ƙabila tana da ƙananan asali a cikinta, da tsofaffin yaƙe-yaƙe a tsakaninsu.

Wannan matsayi ya jawo masa martani mafi zafi a rayuwarsa, musamman da ya taɓo mallakar man fetur. Bayan wata lacca da ya yi a Jami'ar Bayero ta Kano a 2001, Farfesa Peter Ekeh da wasu masana daga yankin Neja Delta suka zarge shi da amfani da tarihi don kare moriyar Arewa. Ya kafa hujja da cewa ikon ƙasa ya koma hannun tarayya tun daga cin yaƙin Turawa zuwa samun 'yanci, har ya ƙara da cewa laka da tarkacen da suka zama mai, koguna ne suka kwaso su daga can cikin ƙasa. Wannan hujja ta biyu ita ce mafi rauni a duk abin da ya rubuta, domin ba ta amsa kukan masuncin da mai ya kashe wa kifi ba. Zargin ɓangaranci kuwa yana da wuyar tsayawa a kan mutumin da ya shafe shekara 30 yana faɗa da sarakuna da attajirai da 'yan siyasar Arewa fiye da kowa.

Waɗanda suka yi karatu a hannunsa suna tuna shi da tsanani: ba ya karɓar magana sai da hujja, yakan mayar da babi a sake shi sau da yawa, kuma a zauren muhawara ba ya sassauta wa babba don girmansa. Wannan kaifin harshe ya raba shi da wasu abokan tafiya. Har ya bar duniya da Dakta Bala aka san shi. Ya rasu a Zariya ranar 24 ga Satumbar 2005 yana da shekara 60. A 2006 aka tattara zaɓaɓɓun rubuce-rubucensa na tarihi a littafin Beyond Fairy Tales, daga baya aka kafa cibiyar nazari mai ɗauke da sunansa a Zariya. Daftarin tsarin mulkin da ya rubuta da Segun Osoba kuwa, an fitar da shi littafi ga jama'a a 2019, shekara 43 bayan rubuta shi.